Na kai labarina Katsina, Malam ya yi masa aski

Motar da na shiga a Kano ba ta cika ba sai ƙarfe tara, kafin mu wuce Bichi rana ta buɗe sosai. Labarin fim ɗina na kan cinyata cikin leda, shafi 96, wata bakwai ina fama da shi. Tsanyawa, Kankiya, Charanci, duk ban lura da su ba, ina ta bitar abin da zan ce wa mutumin da aka tura ni wurinsa.

Daga Ƙofar Ƙaura na hau Keke Napep zuwa ajin nasa. Shago ne ɗaya, benci huɗu, allo, sai tsohuwar kwamfuta da aka rufe da ɗankwali saboda ƙura. A nan yake koyar da rubutun fim Asabar da Lahadi.

Kafin ya karɓi takarduna sai da na sha tarihi. Yana saurayi aka fitar da Turmin Danya a 1990, fim ɗin da ya buɗe ƙofar bidiyon Hausa, shi ne ya sa ya tattara ya tafi Kano. Riƙon fitila ya fara yi a lokeshan, daga baya ya koma gyara wa furodusoshi labari ana ba shi na cefane. Fim ɗinsa na farko babur ɗinsa ya sayar ya yi shi, don ba ya son mai kuɗi ya ce masa sai an sa waƙa kaza ko jaruma wance. Ya ga zamanin kaset, ya ga na faifan CD, ya ga yadda satar fasaha da masu tura fim a waya suka durƙusar da kasuwar. Da abin ya ƙi ci ya ƙi cinyewa sai ya dawo gida. Yanzu gajerun fina-finai yake yi da ɗalibansa, ya ɗora a YouTube.

Sannan ya ɗauko jan biro. Fitowa ta farko a labarina, jarumin na zaune gaban mahaifiyarsa yana bayyana mata talaucinsa, shafi uku cur. Malam ya karanta, ya ɗago kai.

"Ƙanena, ai wannan wasan rediyo ne. Shafi ɗaya minti ɗaya ne a allo. Minti uku zan zauna ina kallon bakin mutum? Nuna mini silifas ɗinsa da aka ɗinke da waya, na gane."

Na ce, "Malam, ai maganar ce daɗin labarin."

Ya ce uwar ma ta san shi talaka ne, wa yake faɗa wa? Na yi shiru.

Ba duka na yarda da shi ba. Ƙyamar da yake wa waƙa a fim ta yi yawa a ganina, mu da ko daka ba ma yi sai da waƙa. Amma a kan surutu gaskiyarsa ce.

Bayan la'asar ya ja ni tsohuwar Kwalejin Katsina, wadda aka buɗe a 1922, yanzu gidan tarihi ce. Ya shafa katangar ƙasa ya ce a nan Abubakar Tafawa Ɓalewa ya yi karatu, shi ya rubuta Shehu Umar, wanda Adamu Halilu ya mayar fim a 1976. Wai duk ɗalibin da ya ce masa rubutu ɓata lokaci ne, nan yake kawo shi.

Daga can muka gangara wajen Hasumiyar Gobarau. Ya miƙo mini takarda guda, ya ce in zaɓi mutum ɗaya in rubuta abin da idona ya gani, ban da magana ko kalma ɗaya. Na daɗe tsaye kamar wanda ya yi ɓatan kai. Can sai ga wani magidanci gaban mai kayan miya. An zuba masa tumatir a leda, ya laluba aljihun riga, ya laluba na wando, ya waiga ko wani na kallo, sannan ya zaro tumatir biyu ya mayar kan faranti. Rabin shafi na rubuta. Malam ya karanta sau biyu, ya ninke ya sa a aljihunsa, ya ce gobe da shi zai fara darasi.

Washegari na kamo hanyar Kano. Na ƙirga a mota, shafi 41 ne jan biro bai ratsa ba. Muna barin Charanci na fara sake fitowa ta farko a waya, na buɗe da silifas a bakin ƙofa.