Ɗan Aiken da Ya Katse Mini Labarin Wata Uku

Wata uku na shafe ina gina wani gajeren labari a cikin wasan kwamfuta mai suna Skyrim, da manhajar Creation Kit wadda aka saki a 2012 domin masu son yi wa wasan ƙari. Labarin wata tsohuwa ce a garin Whiterun, wadda ɗanta ya tafi yaƙin basasa bai dawo ba, kuma duk abin da na rubuta yana gangarowa ne zuwa minti biyun da za ta karɓi zobensa daga hannun mai wasa. Na tsayar da ita a bakin rijiyar kasuwa domin wurin ya yi mini kyau, kuma har yau ina cizon yatsa a kan wannan zaɓi.

Kuskurena shi ne duk gwajin da na yi, da dare na yi shi, lokacin da 'yan kasuwa suka tashi, kuma da sabon ɗan wasa, wato jarumin da mai wasa ke sarrafawa, wanda babu saƙon da ke jiransa. Ranar da na miƙa wa abokina ya gwada, da tsakar ranar cikin wasan ya iso kasuwar. Tsohuwar ta fara magana kenan, murya tana rawa, sai wani dogari ya gifta ya jefo zancen da dogaran wasan suka saba maimaitawa, na kibiyar da ta same su a gwiwa, masu sayar da nama da kayan lambu kuma suna ta tallar hajarsu. Tana miƙa hannu za ta karɓi zoben, ɗan aike ya sheƙo a guje da wasiƙa, ya tsaya tsakaninsu ya kama zancensa. Abokina ya yi dariya har da riƙe ciki, ni kuwa jikina ya yi sanyi.

Waɗannan mutane ba su yi laifi ba. Kowannensu yana da jadawalin barci, aiki da yawo, tsarin da ya samo asali tun wasan Oblivion na 2006, wanda ya gabaci Skyrim, kuma kusantar mai wasa kaɗai ta isa ta sa su buɗe baki. Ba su san ana makoki ba, domin ban sanar da wasan ba. Rayuwar da ta ja ni zuwa kasuwar ita ce ta tarwatsa mini labari.

Dole na mayar da ganawar cikin ɗakin tsohuwar, na sa ƙofa ta kulle har ta gama magana. Abin ya zauna, amma na rasa rijiyar da na tsara komai dominta, kuma sake aikin ya ci mini mako biyu. Duk mai irin wannan aiki, ya gwada wurinsa da rana tsaka, da tsohon ɗan wasa mai tarin wasiƙu a kansa, ya tsaya ya ga wanda zai ratso. Da na yi haka sau ɗaya tak a makon farko, da ban kai tsohuwar kasuwa ba.