Ranar da muka kai baƙin jirgin ruwa Ada

Jiragen ruwan nan na 'yan yawon shaƙatawa basa daɗewa a Tema, babbar tashar jiragen ruwan Ghana dake kusa da Akra. Da sassafe suke shigowa kafin magariba sun ɗaga, kuma ba kullum ake ganinsu ba, galibi sai lokacin da suke gangarowa daga Turai zasu Afirka ta Kudu ko suna kan hanyar komawa. Ita tashar Tema tun da aka buɗe ta a 1962 ta kaya ce, ba dan fasinja aka gina ta ba, dan haka zaka ga jirgi fari tas hawa kan hawa ya jingina kusa da tulin kwantena, ga tireloli na ta kai da kawo, ga masu kiɗa da rawa an jera su a bakin matakala suna yiwa baƙi maraba, motocin da zasu kwashe su kuma sunyi layi kowacce da lamba manne a gilashi.

Kawuna, ƙanin mahaifiyarmu, motar bas ƙirar Kosta yake ja ma wani kamfanin yawon buɗe ido, to duk ranar da jirgi ya shigo hannu baya isarsu sai a nemi wanda zai riƙe kular ruwa ya dinga ƙirga kawunan mutane duk inda aka tsaya. Ta haka nake samun shiga. Yawancin motocin cikin Akra suke yi, a kai su kabarin Kwame Nkrumah da aka gyara aka sake buɗewa a 2023, a leƙa Jamestown, a biya Teshie wajen masu sassaƙa akwatin gawa mai siffar kifi ko mota, wasu kuma su hau Aburi ko Shai Hills. Mu tamu motar Ada aka rubuta mata, wato yawon kwalekwale a inda kogin Volta yake shiga teku.

Hanyar ba wani abu bace in ka cire cunkoson Dawhenya, wanda shi kam ko wa ka ɗauko sai ka sha shi. Daga nan sai fili, ƙasa shimfiɗe ba tudu, kana kusantar Sege zaka fara ganin kankana jibge a bakin titi da tumatir a kwanduna, sai kuma buhunan gishiri fari ƙal an jera su ana jiran mai saye. Jagoran da kamfani ya haɗa mu dashi yaro ne mai ƙoƙari, Turancinsa ras, tun daga Tema yake riƙe da makirfo yana basu labarin koko da zinariya da 'yancin kai na 1957, amma da wata tsohuwa ta nuna buhunan ta tambaya sai yace gishiri ne, ana samunsa anan kusa, shikenan ya koma kan labarin ƙwallo. Na hangi Kawu ta madubi ya girgiza kai baice komai ba. A Kasseh muka karya dama muka bi ta Big Ada har Ada Foah.

Shigar dasu kwalekwale shine aikin farko mai wuya dan yawancinsu tsofaffi ne, masu sanda, masu ciwon gwiwa, akwai wani dattijo da sai da muka kama shi mu biyu ni da yaron mai kwalekwalen, ƙafarsa ɗaya a kan katako ɗaya a cikin jirgi yana rawar jiki matarsa na cewa a hankali a hankali. Kowa sai da aka ɗaura masa rigar ceto aka ja igiyar aka tabbatar ta kama, wannan kam kamfani baya wasa dashi kuma na yaba. Kwalekwalen babba ne mai rumfa da benci, injin a baya, mai shi mutumin Ada ne ɗan ƙabilar Dangme, baƙi siriri, yana jin Hausar kasuwa kaɗan, da yaji muna magana da Kawu sai yace sannu Alhaji, ruwa lafiya yau.

Kuma lafiyar ne wallahi. Ruwan a kwance, faɗinsa ya wuce yadda mutum ke zato in baizo ba, tsibirai ko'ina wasu da ƙauye a kai wasu ba kowa sai kwakwa. Ta gefen gari gidajen hutun masu kuɗin Akra ne a jere kowanne da ɗan jirginsa a ɗaure, gaba kaɗan kuma manyan jiragen masunta masu fenti kala kala da tutoci da ayoyin Baibul a rubuce a jiki. Da muka shiga ƙananan rafukan sai mai kwalekwalen ya rage wuta, itatuwan nan da suke tsirowa cikin ruwan gishiri suka rufe mu dama da hagu, saiwoyinsu duk a waje kamar ƙafafun gizo-gizo, ƙananan ƙaguwa na gudu a kan laka, balbela da wasu tsuntsayen da wani baƙo mai tabarau na hangen nesa yace daga ƙasarsu suke zuwa duk shekara in sanyi ya shigo can. Itacen nan shi mata ke ƙyafe kifi dashi, a Anyanui ta wancan ƙetaren har kasuwarsa ake ci, shi yasa wani wurin zaka ga an sare shi ƙarƙaf sai kututture.

Abinda yafi tsaya min a rai masu nutson adode ne, ƙumbar nan ta Volta da ake soyawa a tsire a sanda ana sayarwa matafiya a Sogakope. Ƙaramin kwalekwale ne a tsakiyar ruwa, yaro ɗaya zaune a ciki yana gadin wani tsohon injin iska dake ta ƙara, doguwar roba ta fita daga injin ta nutse, baka ganin kowa sai kumfa na tasowa. Muka tsaya muna kallon kumfar nan shiru shiru har wata baƙuwa ta fara tambaya ko lafiya, can sai ga mutum ya ɓullo da bakin robar a tsakanin haƙoransa, idonsa jajir, ya miƙo raga cike da ƙumba yaron ya juye a cikin jirgi, ya ɗaga mana hannu ya sake komawa ƙasa. Duk iskar da yake shaƙa daga wannan tsohon injin take, in ya mutu a sama to sai dai Allah. Baƙi suka tafa suka ɗau hoto. Ni kam ban iya tafawa ba, addu'a nayi masa.

Daga nan muka miƙe bakin teku. Wani siririn yashi ne ya raba, hannun nan kogi a kwance hannun can teku na ta dukan gaɓa, kana tsaye a tsakiya kana ganin duka biyun. Anan mai kwalekwalen ya nuna can cikin ruwa inda igiya ke karyewa yace lokacin yarintarsa gidaje ne a wurin. Ba ƙari yayi ba, tun da aka gama dam ɗin Akosombo a 1965 aka ƙara na Kpong a 1982 yashin da kogin ke kawowa bakin teku ya ragu sosai, teku kuma bata fasa ɗiba ba, haka ta cinye unguwanni a Ada ta haɗa da mafi yawan tsohuwar ganuwar da Turawan Denmak suka gina, Kongenstein, sai da gwamnati ta zuba manyan duwatsu a gaɓar kafin abin ya ɗan lafa. A wannan yashin ne kuma kunkurun teku ke fitowa da dare suyi ƙwai in lokacinsu yayi. Azahar ta same mu a wurin, muka ɗan ja gefe ni da Kawu mukayi alwala da ruwan muka shimfiɗa ɗankwalin da yake rufe sitiyari dashi mukayi sallah.

Wajen cin abinci ne, baƙi na can ƙarƙashin rumfa an jera musu banku da gasasshiyar karfasa da jalof, mu kuma muna gindin kwakwa da namu, nace Kawu naga ka girgiza kai ɗazu a Sege. Yace yaro ai dole, wannan gishirin da aka wuce shi da kalma biyu shi ya riƙe kakanninka. Yace kakansa a Kete ya zauna, zangon Hausawa na Krachi, kuma sana'arsa kenan, mutanen Ada su kwashi gishiri a tabkin Songor su loda a kwalekwale suyi ta tuƙi suna hawan Volta har Kete, daga nan namu su karɓa su wuce dashi arewa, ya haɗu da goron Asante da kayan da fatake ke kawowa daga Kano da Sakkwato. Hanyar Gwanja kenan da ake faɗa. Salaga ce babbar kasuwar kafin yaƙin basasar 1892 ya watsa ta, 'yan kasuwa da malamai da yawa suka gangaro Kete, cikinsu har da Alhaji Umaru, malamin nan haifaffen Kano mai waƙoƙi da rubuce rubuce wanda ya rasu a can a 1934. Yace ita tsohuwar Kete ɗin yanzu tana ƙarƙashin ruwa, tafkin da dam ya tara ya shanye ta lokacin da aka tashi mutane wajen 80,000 daga garuruwansu. Nace Kawu to me yasa baka karɓi makirfon ka faɗa musu ba, yace ni direba ne, ba'a ɗauke ni magana ba.

Maganar nan ta dame ni har yau. Su baƙin ba laifinsu bane, awa nawa ne duka duka suke dashi a ƙasar, abinda aka nuna musu shi zasu gani, kuma an nuna musu ruwa da kwakwa da tsuntsaye sun ji daɗi sun tafi. Amma Songor ba wurin hoto bane kawai, tun 1992 yana cikin dausayin da yarjejeniyar Ramsar, wato ta ƙasashen duniya kan kiyaye dausayi, ta kare, a 2011 UNESCO ta ƙara sa shi cikin wuraren da take kula dasu, kuma har gobe mutane na rigima a kansa, a 1985 harsashi ya kashe wata mata mai ciki a rikicin gishirin, a 2020 kuma gwamnati ta bada hayar wajen eka 41,000 ga kamfani guda, wasu na murna da aikin yi wasu na cewa an raba su da abinda iyayensu mata ke kwasa kyauta in rani yayi ruwan ya ƙafe. Ko ɗaya cikin wannan ba'a faɗa a motarmu ba.

Sai maganar kuɗi. Baƙon a cikin jirgi yake biya da dala, jirgi ya cire nasa, kamfanin nan gida ya cire nasa, otal ɗin da akaci abinci ya cire, abinda ya isa hannun mai kwalekwale kuɗin tafiya ɗaya ne da sidi kuma a ciki zai sayi man inji, in firimiks, wato man da masunta ke zubawa a injin kwalekwale, yayi wuya ya saya da tsada. Shi ne fa ya san inda yashi ya taru a ƙarƙashin ruwa, shi ya san lokacin da teku ke turowa da lokacin da take ja, rayukan mutanen nan duka a hannunsa suke. Da zamu rabu dattijon nan da muka kama ya damƙa masa wani abu a hannu, ya karɓa da hannu biyu. Ni a ganina bai kamata rabonsa ya dogara da tausayin baƙo ba.

Dawowa kam gudu ne, dan jirgi yana da lokacin da yake janye matakala, in yawon ta hannun jirgin aka saya zasu ɗan jira amma kamfanin da ya makarar da fasinja ba lallai ya sake samun aikin ba. Kawu bai yarda an tsaya sayen kankana ba ko da suka roƙa, na ƙirga su a Ada na sake ƙirgawa a bakin get ɗin tasha, suka cika, muka shiga da sauran lokaci.

Mu 'yan Zango fa, Nima, Mamobi, Sabon Zango, Madina, Ashaiman, mutum nawa ne a cikinmu suka taɓa shiga ruwan nan? Tabkin da yaranmu suka sani Korle ne, wanda sharar babbar kwatarmu ta Nima ke bi ta Odaw ta ƙare a cikinsa, sai ka toshe hanci kake wucewa, na Sakumono kuma dake maƙwabtaka da tashar Tema gine gine na ta cinsa ta ko'ina. Yaro ya tashi yana zaton haka tabki yake. Alhali Ada bata wuce tafiyar awa biyu zuwa uku ba, motocin haya na trotro na tashi daga tashar Tudu ta Akra da Ashaiman, in kun haɗu da yawa ku ɗau kwalekwale ɗaya ku raba kuɗin baikai abinda ake kashewa a anko ɗaya ba.

Na riga nayi magana da malamin makarantar islamiyyar unguwarmu akan mu kai manyan ɗalibai bayan Sallah, ya amince in iyaye sun yarda. Sharaɗin da Kawu ya kafa kafin ya nemo mana mota a farashi mai sauƙi shine kowane yaro da rigar ceto ko babba ne ko ya iya ruwa, babu mai yin wanka a bakin tekun dan ruwan wurin yana ja, kuma babu mai shiga inda ciyawa ta taru a kogin saboda tsargiya. Ni kuma nawa sharaɗin, zamu tsaya a Sege a sauka a ga gishirin, kuma kuɗin kwalekwale hannu da hannu zamu ba mai shi. Makirfon wannan karon Kawu zai riƙe, nace masa sai mu nemo wani ya ja motar.