Gidan Kaka a Cikin Folda

Wata shida na yi a wani shagon gyaran kwamfuta da ke kusa da kasuwar Wunti a Bauchi, a 2023, lokacin da makaranta ta tura mu sanin makamar aiki a ƙarƙashin shirin SIWES. Shagon bai fi ɗaki guda ba: tebur biyu, benci ɗaya na masu jira, da janareto a bakin ƙofa. Yawancin aikinmu canza allon da ya fashe ne, da sauya batir, da ɗora Windows a kan kwamfutocin hannu da aka shigo da su daga Turai. Samari kuma suna zuwa a sa musu wasan ƙwallo. Amma wasan da ya koya mini aiki ba na ƙwallo ba ne, The Sims 4 ne.

Ga wanda bai san shi ba, wasa ne na kwaikwayon rayuwa. Ba a cin kowa, ba a cinye ka. Kai za ka ƙirƙiri mutum, ka zaɓa masa kamanni da hali, ka gina masa gida, ka nema masa sana'a, ka aurar da shi, ya haihu, ya tsufa, ya mutu, 'ya'yansa su ci gaba. Will Wright ne ya ƙirƙiro na farko a kamfanin Maxis, aka fitar da shi a 2000. Gidan Wright na cikin waɗanda suka ƙone a gobarar Oakland ta Amurka a 1991, kuma sake haɗa kayan gida daga tushe yana cikin abubuwan da suka cusa masa tunanin wasan. Na biyu ya fito a 2004, na uku a 2009, na huɗu a 2014. A watan Oktoban 2022 kamfanin Electronic Arts ya mayar da tushen na huɗun kyauta ga duk mai son saukewa, shi ya sa a lokacin da nake shagon ya fara yawa a kwamfutocin ɗalibai, musamman mata.

A sati na uku wani yaro ɗan sakandare ya kawo kwamfutarsa. Da an danna wasan sai wani ɗan akwatin rubutu ya fito, shi ke nan, ba ya gaba. Maigidana ya tafi sayo kaya, ni kaɗai ne a shago. Na danna sau biyu, na rufe akwatin ban karanta ba, na ce masa sai an yi fomatin. Abin da na ga ana yi ke nan a shagunan layinmu idan kwamfuta ta yi gardama: a share komai a sake zubi. Na tambaye shi ko yana da wani abu mai muhimmanci a ciki, ya ce hotuna ne kawai da karatun Alƙur'ani. Na kwafe su, na share sauran, na ɗora sabuwar Windows, na kwana ina sauke wasan. Washegari ya buɗe lafiya lau.

Yaron ya zauna a benci ya ɗora kwamfutar a cinya. Ya daɗe yana danne-danne, sannan ya ɗago ya ce, "Yaya, ina mutanena?"

Wata takwas ya yi yana renon iyali guda, har sun kai zuriya ta huɗu. Ya san sunan kowa, ya san wanda ya zama likita da wanda ya mutu a wurin girki. Bai ambace su ba da na tambaye shi, domin a zatonsa suna cikin wasan ne, duk inda wasan ya je za su bi shi. Ni ya kamata in san ba haka ba ne. Maigida ya dawo ya gwada manhajar tono fayilolin da aka goge, amma sabon zubin ya riga ya hau kan wurinsu, gutsattsarin da aka samu ba su buɗe ba. Ya mayar wa yaron kuɗinsa ya ba shi haƙuri. Yaron bai yi faɗa ba, bai kuma yi kuka ba, ya dai rufe kwamfutar a hankali ya sa a jaka. Har yau idan na tuna yadda ya ja zif ɗin jakar nan sai in ji ba daɗi.

Maigida bai yi mini tsawa ba. Bayan magariba ya ce in zauna, ya tambaye ni me aka rubuta a cikin akwatin da ya fito. Na ce ban karanta ba. Ya ce yaushe rabon wasan da buɗewa, me kuma yaron ya yi wa kwamfutar tsakanin ranar da yau? Na ce ban tambaya ba. Ya gyaɗa kai ya ce, "Ka ga, ɗana, kwamfuta ta gaya maka ciwonta, mai ita ma yana zaune a gabanka, duk ba ka saurari ko ɗaya ba. Sauri kan haifi nawa."

Daren nan ya buɗe mini tasa kwamfutar ya nuna mini abin da ya zama ginshiƙin duk aikin da na yi daga baya. Wasan gida biyu gare shi. Na farko shi ne inda manhajar kanta take zaune, wuri mai cin gigabait fiye da 20. Wannan ko ya lalace ana iya sake sauke shi, asarar data ce kawai da lokaci, ko da yake a wurinmu data ba ƙaramin abu ba ce. Na biyu yana cikin Documents, a foldar Electronic Arts, a ƙarƙashinta The Sims 4. Nan ne ake ajiye abin da mai wasa ya yi da hannunsa. Foldar saves tana riƙe da rayuwar iyalan, Tray tana riƙe da gidaje da mutanen da aka adana a ɗakin ajiya, Mods kuma ita ce ma'ajin ƙarin kayan da mutum ya sauko da su daga intanet. Wannan gida na biyu sau da yawa bai kai rabin filash ƙarami ba, kwafe shi bai fi minti biyu ba, amma babu wani a duniya da ke da irinsa sai mai kwamfutar. Ya kuma nuna mini cewa wasan da kansa yana ajiye tsofaffin kwafi biyar na kowane adani, masu ƙarewa da ver0 zuwa ver4, saboda idan sabon ya lalace, misali aka ɗauke wuta ana tsakiyar adanawa kuma batir ya mutu, a koma wa na baya ta hanyar sauya masa suna.

Bayan kamar sati biyu aka kawo wata kwamfuta mai irin akwatin nan. Wannan karon na karanta. Cewa yake an rasa wani fayil mai suna MSVCP140.dll. Fayil ne da ke zuwa cikin ƙunshin Visual C++ na Microsoft, wanda manhajoji da yawa ke jingina da shi, kuma ƙunshin 'yan megabait ne. Na sauke, na ɗora, wasa ya buɗe kafin shayin maigida ya huce. Siffar akwatin da jan tambarinsa iri ɗaya ne da wanda na rufe a kwamfutar yaron nan. Ina kyautata zaton aikin minti biyar ne na mayar da shi asarar wata takwas.

Daga nan na fara lura cewa a mafi yawan kwamfutocin da suka zo hannuna, wasan kansa lafiyarsa ƙalau, abin da ke kewaye da shi ne ya karkace. Akwai wadda ta ƙi shiga manhajar EA (Electronic Arts), wadda ta cikinta ake buɗe wasan, alhali intanet na aiki. Maigida ya nuna mini ƙasan allo da yatsa: agogon kwamfutar ya koma shekaru baya. Ɗan batir ne mai kamar kwabo a jikin allon uwa, wato babban allon cikin na'ura, galibi CR2032, shi ke riƙe lokaci idan an kashe na'ura, kuma a tsofaffin kwamfutocin hannu yakan riga ya mutu. Idan kwanan wata ya kauce, takardun shaidar tsaro na intanet sai su zama kamar ba su inganta ba, a ƙi karɓar ka. Akwai masu buɗewa su mutu bayan minti goma, musamman a Maris da Afrilu da zafin Bauchi ke kan ganiyarsa. Idan ka kwance bayansu sai ka tarar ƙurar hunturu ta dunƙule a bakin fanka kamar auduga. Akwai kuma waɗanda ba su da magani sai gaskiya: wasan yana buƙatar Windows mai bit 64 da ram aƙalla gigabait 4, don haka mai gigabait 2 gara a gaya masa tun farko, kar a karɓi kuɗinsa a yi ta jan sa. A nan ina da ra'ayi mai ƙarfi. Mai gyaran da ya san na'ura ba za ta ɗauka ba amma ya ce a dawo gobe, amana ya ci. Haka kuma ban ga dalilin sa wa mutum kwafin sata mai ɗauke da ƙwayar cuta ba, alhali tushen wasan kyauta ne.

Aikin da ya fi zama mini a rai ya zo a wata na biyar. Wata ɗaliba mai karatun zanen gine-gine a Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa ta zo tare da ƙanenta. Tun kafin ta zauna ta ce, "Malam, don Allah kar a goge komai." Na ce, "Malama, ba ni filash ɗinki tukuna." A gabanta na kwafe foldar gaba ɗaya zuwa filash ɗinta da kuma ma'ajin shago, na buɗe na nuna mata ga su nan, sannan na fara tambaya.

Ta ce ranar Talata ya buɗe lafiya. Laraba ta je makaranta ta haɗa da intanet, wasan ya sabunta kansa, ta shiga ta sake kunna ƙarin kayanta kamar yadda ta saba, tun daga nan sai ya tsaya a allon lodi, koren lu'ulu'un da ke alamar wasan yana ta juyawa, daga baya ya rufe. Wannan bayanin ya yi rabin aikin. Duk lokacin da aka sabunta wasan yakan kashe ƙarin kayan da kansa, saboda mutane daban-daban ne suka yi su bisa tsohon tsari, wasu ba za su dace da sabon ba. Don in tabbatar, na ɗauke foldar The Sims 4 na ajiye a gefe, na danna wasan. Idan bai ga foldarsa ba sabuwa yake ginawa, wadda ba komai a ciki. Ya buɗe tas. Ke nan manhajar lafiya take, ba sai an sake sauke ko gigabait ɗaya ba. Na mayar da saves da Tray, ya sake buɗewa. Saura Mods.

Fayil kusan 600 ne a ciki. Hijabai, ɗaurin kallabi, zanen atamfa, kitso iri-iri, tabarmi, tukwane, ƙofofi. Shekara biyu tana tara su, ba ta kuma tuna inda ta samo yawancinsu ba. Gwada su ɗaya bayan ɗaya zai ci kwanaki, domin kowane buɗewa a kwamfutarta yana ɗaukar kusan minti huɗu. Sai na bi hanyar da masu wasan suka daɗe da sani, wato rabawa biyu. A sa rabi a gwada. Idan ya buɗe, mai laifin yana cikin rabin da ke waje, idan ya ƙi, yana ciki. A sake raba wancan rabin, 300, 150, 75, a yi ta tafiya. Gwaji goma ya isa a ware fayil ɗaya daga cikin 600. Kafin kowane gwaji ina goge localthumbcache.package, wani fayil da wasan ke tara bayanan wucin gadi a ciki, domin yakan riƙe ragowar abin da aka cire ya ruɗa sakamako. Ana tsakiyar na shida aka ɗauke wuta, ƙanenta ya taya ni tayar da janareto. Na rubuta kowane zagaye a bayan rasit don kar lissafi ya ɓace mini.

Mai laifin ɗan fayil ne da bai kai megabait ɗaya ba, irin masu ƙarewa da ts4script, wanda ke sauya yadda mutanen wasan ke gaisawa. Na cire shi, na mayar da sauran, na juya mata kwamfutar.

Sai a lokacin na ga abin da take tsoron rasawa. Gidan kakarta ne na unguwar Jahun, wanda aka sayar bayan rabon gado, wanda ya saya kuma ya rushe ya yi shaguna. Ta gina shi daga abin da ta tuna da kuma abin da mahaifiyarta ta gaya mata. Ga zaure, ga ɗan lungun da ake bi kafin a faɗa tsakar gida don kar na waje ya hango mata, ga ɗakuna huɗu suna fuskantar juna, ga madafa a kusurwa, ga bishiya a inda darbejiya take. Ta ce wasan ba shi da katangar laka irin tamu, sai da ta gwada launi fiye da goma kafin ta samu mai kama da jar ƙasa. A ƙofar ɗakin gabas akwai wata tsohuwa da farin mayafi zaune.

Ƙanen ya leƙo ta kafaɗarta ya ce, "Yaya, randar ba nan take ba, tana bayan ƙofar Inna." Ta ce a'a, ya ce wallahi can take, shi ne ake aike ya ɗebo ruwa. Ta yi shiru kaɗan, sannan ta ja randar zuwa bayan ƙofa. Na jira ta adana, na karɓi filash ɗin na sake kwafe foldar da randar a sabon wurinta, na rubuta kwanan wata a jikin takarda na manna masa.