Kwalba ta biyar ba ta daskare ba

Assalamu alaikum, 'yan uwana masu koyon girkin FODMAP, wato tsarin cin abinci da ke rage wasu nau'o'in sukari masu kumbura cikin mai matsalar hanji. Yau kwana 9 ke nan da na zuba ruwan sukarin da na dafa a kwalba, kuma da safen nan na ɗaga ta a hasken taga, na karkata ta dama da hagu, ban ga ƙwaya ko ɗaya ta kwanta a gindinta ba. Wanda bai zubar da kwalba huɗu kafin wannan ba, ba zai gane dalilin da ya sa na kira maigidana daga tsakar gida don ya zo ya gani ba.

Tun da na shiga matakin farko na tsarin, inda ake janye irin waɗannan abincin na ɗan lokaci, abin da ya fi yi mini ciwo shi ne rabuwa da zuma. A gidanmu a Aboabo, Kumasi, ba a cin masa ranar Juma'a sai da zumar da ake kawo mana daga Tamale, kuma surukata har yanzu ba ta yarda cewa abin da aka san shi da waraka zai kumbura wa mutum ciki ba. Na yi mata bayani cewa zuma tana da sukari iri biyu, furuktos da gulukos, furuktos ɗin ya rinjayi gulukos, kuma rarar ce hanjina ba ya iya tsotsewa, sai ta ce, "To, 'yar nan, Allah ya sawwaƙe," ta ci gaba da zuba tata. Na san sukari na gari ba shi da laifi, tunda gulukos da furuktos ɗinsa daidai wa daida suke, amma barbaɗa shi a kan masa bai taɓa gamsar da ni ba. Abin da nake nema shi ne abu mai kauri da danƙo wanda zai ratsa cikin masar.

Da farko na bi hanya mai sauƙi, na sayi ruwan mapul, wato ruwan zaƙin da ake samu daga bishiyar mapul, a wani babban kanti a Adum, domin manhajar Jami'ar Monash da ke tantance abincin wannan tsari ta ba shi koren haske, alamar ana iya ci. Ƙaramar kwalba ta cinye mini sidi 160, yara kuma suka gano inda na ɓoye ta, ba ta yi mako biyu ba. Daga nan na ce zan dafa nawa.

Kwalba ta farko da ta biyu sukari ne da ruwa kawai. Ranar da na sauke su sun yi kyau, amma kafin kwana uku sai gindin kwalbar ya cika da ƙwayoyi kamar yashi, daga baya ya zama dutsen da cokali ba ya shiga. Na ɗora laifin a kan juyawa, na daina sa ludayi bayan ya tafasa. Na ɗora a kan ƙwayoyin da ke maƙalewa a jikin tukunya, na riƙa rufe ta na minti 3 don tururi ya wanke su. Duk waɗannan sun jinkirta abin, ba su hana shi ba. Sai da na zauna na yi lissafi na gane inda gizo ke saƙa. Ruwa a zafin ɗaki ba ya riƙe sukari fiye da kimanin ninki biyu na nauyinsa, ita kuwa zuma ruwan da ke cikinta bai kai kashi 20 cikin 100 ba. Duk lokacin da na dafa nawa har ya yi kaurin zuma, na cusa masa sukarin da ya fi ƙarfinsa, dole ya amayar da rarar. Abin da ke barin zuma ta zauna a narke da wannan kaurin kuwa shi ne yawan furuktos, wato ainihin abin da nake gudu. Ranar da na fahimci haka na yi dariya ni kaɗai a kicin, dariyar takaici.

A kwalba ta uku na ce bari in yi wayo, na zuba garin gulukos da na saya a kantin magani, rabi da rabi da sukari. Ban san cewa gulukos ya fi sukari saurin daskarewa ba, har ma shi ne yake sa zumar gaske ta yi fari ta sandare idan ta daɗe. Cikin kwana biyu kwalbar ta koma kamar man kaɗanya. Ta huɗu kuma lemon tsami na matsa da yawa, na bar ta a kan kurfoti kusan awa guda, domin tsami da zafi suna raba sukari gida biyu, abin da ke hana ƙwayoyin haɗuwa. Ba ta daskare ba, amma wutar gawayin ta yi yawa, ta yi duhu da ɗaci. Ban kuma saki jiki da ita ba, saboda irinta ta kanti mai launin zinari an iyakance ta a manhajar zuwa ɗan kaɗan.

Wata mai yin kek ce ta nuna mini rumfar masu kayan kek a Kejetia inda ake sayar da ruwan gulukos, mai kauri, fari tas, wanda ake yi daga sitaci. Shi ba kamar garin ba ne, akwai dogayen sarƙoƙin sitaci a cikinsa da ke shiga tsakanin ƙwayoyin sukari su hana su haɗuwa. Na karanta takardar jikin robar sau biyu don in tabbatar babu furuktos ko sobitol, wani abin zaƙi da ake sawa a madadin sukari, domin a makon farko cingam mai rubutun babu sukari ya kwantar da ni yini guda, tun daga nan nake farautar E420 da E421, lambobin sobitol da ɗan'uwansa manitol, da duk sunan da ya ƙare da ol. Ga abin da na auna: sukari giram 300, ruwan gulukos giram 200, ruwa mililita 150, da ƙaramin cokali ɗaya na lemon tsami. Na narkar da sukarin gaba ɗaya a wuta kaɗan kafin ya tafasa, na rufe na minti 3, sannan na bar shi ba juyawa har ma'aunin zafi ya nuna digiri 110 na Celsius. Na jefa ɓawon lemo da kanumfari biyu bayan na sauke, na tsame su kafin in zuba a kwalbar da na dafa na busar.

Dole in faɗi gaskiya game da jadawalina, ya rikice. Ina mako na biyar, ban kamata in taɓa zuma ba sai lokacin gwaji, inda ake dawo da abincin da aka janye ɗaya bayan ɗaya, amma wajen kwatanta ɗanɗano na lashi ta surukata sau uku a yini ɗaya. Daren nan cikina ya yi ta ƙugi, don haka gwajin furuktos ya riga ya faru ba tare da na shirya shi ba, kuma sai na maimaita shi a tsanake da awo kafin in rubuta sakamako a littafina.

Nawa kuwa na ci babban cokali ɗaya a kan masa huɗu ranar Juma'a, na kwana lafiya lau. Zaƙinsa bai kai na zuma ba, ƙamshin furen nan ma babu shi, kanumfarin kuma ya ɗan yi yawa, nan gaba ɗaya zan sa. Surukata ta ɗanɗana ta ce ya yi kama da maganin tari, amma na lura ta ƙara cokali na biyu. Kwalbar zan bar ta a kan kanta har ta cika wata guda, ina duba gindinta kowace safiya, musamman yanzu da sanyin hunturu ya fara shigowa da asuba.