Alhamdulillah, fadamar Baba ta dawo hannunmu

Assalamu alaikum jama'a. Tun ranar Alhamis nake son rubuta wanga saƙo amma waya ta hana, kira kan kira, ga gida cike da 'yan barka har daga Birnin Kebbi da Jega, sai yanzu bayan isha'i na samu na zauna. Waɗanda sunka san halin da muke ciki sun riga sun ji, waɗanda ba su ji ba to ga shi: shari'ar fadamar mahaifinmu ta ƙare, kotu ta tabbatar muna da ita, kuma wanda muke shari'ar da shi ya sa hannu ya ce ba shi ƙara ɗaukaka ƙara. Alhamdulillah, Alhamdulillah.

Bari in ɗan koma baya saboda abokai na nesa da kullum suke ganin ina sa "a taya mu da addu'a" ba su san kan zancen ba. Baba, Allah shi jiƙan shi, jingina ya ba da fadamar nan lokacin da ciwo ya kwantar da shi, kuɗin ma ba su kai na sabon babur ba, kuma ba takarda don a lokacin wa ke rubuta takarda da maƙwabci? Sannan fadama a yankinmu na Argungu ba ta da wata daraja can, ka noma ta da damina gulbi ya kawo ruwa ya cinye. Sai da Buhari ya zo Kebbi a Nuwamban 2015 ya ƙaddamar da shirin ba manoman shinkafa bashi, aka buɗe kamfanin sarrafa shinkafa na WACOT a Argungu a 2017, aka zo aka rufe boda a Agustan 2019, shinkafa ta zama zinari, kowa ya nemi injin ban ruwa ya shiga noman rani, wurin da a da ko aro aka ba ka sai ka yi yanga yanzu mutane har dambe suke a kai. To lokacin ne munka haɗa kuɗin jinginar munka kai ma mutumin, ya dube mu ido cikin ido ya ce ai shi saye ya yi.

An zauna gaban mai gari, an je gun uban ƙasa, bai sauka ba. Shi mai hali ne, mu kuwa marayu da tsohuwa guda. Inna ce ta ce a kai ƙara.

Nan ne na koyi abin da ban koya a makaranta ba. Ni da na ɗauka tunda mu munka kai ƙara duk nauyin hujja kanmu yake, ashe da ya buɗe baki ya yarda asalin gonar ta Baba ce, alƙali ya ce to kai ne mai da'awar saye, kawo shaidunka. Ya rasa. Sai ya juya ya kama hauzi, wai ya fi shekara 10 shina noma wurin muna gani ba mu yi magana ba. Kuma gaskiya ne a mazhabar Malikiyya wanda ya riƙe wuri shekara 10 mai shi na gari, yana gani, ba abin da ya hana shi magana kuma ya yi shiru, to ba a sauraren da'awarsa, amma hauzi bai cin abin da anka ba ka aro ko jingina ko da ka shekara nawa a ciki. Shi ke nan magana ta dawo kanmu, mu kawo wanda ya shaida jingina ce. Mutum biyu ne sunka zauna wurin ranar da Baba ya karɓi kuɗin. Ɗaya Allah ya yi mai rasuwa kafin a kai ga kiran shi, saura ɗaya.

Wanga ɗayan shi nake son in fara yi ma godiya bayan Allah, ba zan faɗi sunan shi ba don bai son haka, mu dai Baba tsoho muke ce mai. Gonar shi na iyaka da tamu wajen giginya. Ku sani mutumin da zai ba da shaida a kan shi, shi ne ke ba shi bashin taki duk shekara, shi ke sayen shinkafar shi in ya yanke, ɗan shi ma a gidan yake aiki. An aika mai da dare an ce ya ce ya manta, tsufa ne ai ba wanda zai zarge shi. An hana shi takin shekarar. Ranar zama ya zo da sandar shi da 'yar butar shi, ya ce ma alƙali, "Allah shi gafarta malam, ni na kusa kabari, ba ni iya zuwa da gonar marayu bisa kaina, jingina ce, a gabana anka ƙirga kuɗin." Wallahi kotun tsit ta yi. Da shaida ɗaya da rantsuwa ake tabbatar da haƙƙin dukiya, munka yi alwala munka rantse.

Da a ce nan ta ƙare ai da sauƙi. Korona ta zo a 2020 zama ya tsaya, damina ta zo da ambaliyar da ta shafe shinkafar Kebbi a shekarar, fadamar da za a je gani da ido ta koma gulbi ko iyaka ba a gani sai kan giginya. 2021 ma'aikatan kotu sunka shiga yajin aiki daga Afrilu har Yuni. Da munka samu hukunci ya ɗaukaka ƙara, kotun sama ta ce ba a yi i'izari ba, wato ba a tambaye shi ko yana da sauran magana kafin a yanke ba, a koma a sake daga farko. Ranar nan ne na gane abin da ake nufi da shari'a saɓanin hankali. An sake, mun sake ci, ya sake hawa sama, har ya kai mu kotun ɗaukaka ƙara ta shari'a, can lauyanmu ya nuna cewa hurumin ta aure ne da gado da wasiyya da kyauta da waƙafi, rigimar wa ke da gona babbar kotun jiha ake kai ta. Haka munka yi ta yawo da fayil.

Ni dai ba zan yi maku ƙarya ba, sau biyu ina karaya. Na farko da anka ce a sake shari'a, na tara samarin unguwa na ce mu je mu tuge dashen shi kowa ya rasa, Inna ta tsaya bakin zaure ta ce duk wanda ya fita ba da yawunta ba. Na biyu a 2023, lokacin ƙarancin takardun naira, ga shi an cire tallafin mai kuɗin mota ya ninka, aka aiko muna da tayin kuɗi mu bar maganar, ni har na fara lissafin keke napep. Ta ce min, "Kai ɗan nan, ubanku bai sayar ba, in kun karɓa kun maida shi maƙaryaci yana kabari." Ban sake tada zancen ba.

Inna, na san ba ki Facebook, ƙanwata za ta karanta miki. Ba zaman kotu guda da kika fasa, ko ranar da zazzaɓi ya kama ki kan benci kika kwanta kina jiran a kira. Da kuɗin ƙuli-ƙuli da man gyaɗa kika biya kabu-kabu da mota, tunkiyar ki biyu sunka tafi wajen kwafin shari'a, mata na ce miki mace da yawon kotu abin kunya ne ki ce masu kunya tana ga wanda ya ci na marayu. Allah shi ba ki tsawon rai, shi kai ki Makka da shinkafar fadamar nan.

Godiya ga lauyanmu, yaro matashi da ya karɓi shari'ar tun daga matakin ɗaukaka ƙara bai karɓi ko sisi ba ban da kuɗin mai, wani lokacin ma shi ke saya ma Inna abinci. Ga kawunmu da ya ba mu ɗaki a Birnin Kebbi duk daren zama. Ga direban tashar da in ya ga Inna sai ya ce shiga gaba hajiya kuɗin ki an biya, alhali ba wanda ya biya. Ga liman da 'yan masallacinmu, da abokaina na nan da sunka yi ta turo dubu ɗaya dubu biyu, akwai wanda ban taɓa gani ba ya turo daga Zuru. Waɗanda sunka ja baya da mu don tsoro kuma ba komai, mun san halin gari.

Don Allah kar wanda ya zagi mutumin ko iyalan shi a ƙarƙashin wanga rubutu, maƙwabci ne, gobe ma tare za mu yi jana'iza da suna. Kuɗin jinginar shi Inna ta sa an miƙa mai cif ta hannun kotu, kuma ta ce a bar shi ya yanke shinkafar da ya riga ya dasa tukun mu shiga.

Ranar Juma'a bayan la'asar akwai saukar Alƙur'ani da sadaka a ƙofar gida don Baba da ɗaya shaidan da ya rasu, duk wanda ke kusa shi zo. Kuma ina neman mai taki mai sauƙi buhu biyu, na Baba tsoho ne, wanda ya san inda zan samu ya yi min magana.