Kwana tara ina yi wa magena tausa, ashe ƙara mata ciwo nake

Har yanzu in na tuna sai raina ya sosu. Shekarar magen nan 11 a gidanmu, kuma kullum da hantsi tana kan katanga tana shan rana. Ranar da na ga ta tsaya a gindin katangar, ta ɗaga kai ta duba, ta juya ta kwanta a ƙasa, sai na ce tsufa ne. Bayan kwana biyu bayanta ya gantsare sama, in na shafa wajen ƙugunta sai ta yi tsawa ta kawo min cizo. Na ce targaɗe ne.

Nan na tafka wautar. Safe da yamma sai in danne ta a cinyata in murza mata baya, tana ihu ina cewa jijiya ce ke warwarewa. Hajiya har ɓallo min farasitamol ta yi, ta ce, "Ɗan nan, jiƙa mata rabi." Allah ya sa na manta shi a aljihu.

A kwana na tara ta fara jan ƙafafun baya, wutsiya a sake, fitsari na ɗiga ba ta sani ba. Sai a lokacin na sa ta a kwali muka tafi asibitin dabbobi.

Likita ya fara taɓa ƙafafun ya ji da ɗumi, ya ce da sun yi sanyi da toshewar jijiyar jini zai fara zargi. Sannan ya matse mata yatsa da ƙarfi. Ta waiwayo ta yi ƙara, ya ce, "Alhamdu lillahi, Malam, tana ji." Bayan hoton ƙashi ya ce alamu sun nuna guringuntsin da ke tsakanin ƙasusuwan baya ne ya turo ya danne laka. An fi ganinsa a karnuka, shi ya sa masu kyanwa ba sa kawo shi a rai.

Da na ambaci tausa shiru ya yi. Da na ambaci farasitamol kuwa sai da ya ajiye biro: hantar kyanwa ba ta iya sarrafa shi, rabin ƙwaya ma na iya kashe ta.

Mako shida ta yi a keji, ba tsalle, da maganin da ya rubuta, ni kuma na koyi matse mata mafitsara a hankali. Yanzu tana tafiya, amma ƙafar hagu na ɗan sharar ƙasa. Na tambaye shi ko tausata ce ta jawo. Ya ce ba zai iya rantsewa ba. Na jingina mata katako a katangar, ta nan take hawa.