Shekara Biyu da Rabi Ina Haɗa Jirgin Nelson a Kan Teburin Cin Abinci

A watan Yulin 2019 na fara shiga cikin HMS Victory, tsohon jirgin ruwan yaƙi na Ingila, a Portsmouth, ranar da ba ni da aiki a asibitin da nake aikin jinya a kudancin Ingila. Na je ne don in ga igwa da wurin da Nelson, kwamandan jiragen yaƙin Ingila, ya faɗi, kamar yadda kowa ke zuwa. Na gan su kuwa. Akwai ɗan faifan tagulla a kan katakon bene na sama, daidai inda harsashi daga jirgin Faransa mai suna Redoutable ya same shi ranar 21 ga Oktoba 1805, a yaƙin Trafalgar. Daga nan na sauka can ƙasa inda ya cika, ina tafe a sunkuye saboda rufin bai kai tsayina ba. Abin da ban gani ba shi ne saman jirgin. Tun 2011 aka sauke saman jigayensa uku, wato dogayen sandunan da ke ɗauke da ƙyallen kama iska, da mafi yawan igiyoyinsa saboda gyara, sai kututture kawai a tsaye. Na fito ina jin kamar na ga raƙumi ba wuya.

Mahaifina kafinta ne a Zariya, a gindin bencinsa na tashi, amma ban gaje shi ba. Wataƙila shi ya sa da na ga akwatin haɗa ƙaramin Victory na katako a intanet, hannuna ya yi ƙaiƙayi. Ma'auninsa ɗaya bisa 98 ne, wato in an gama tsawonsa zai kai kusan mita ɗaya. Na ce wa uwargida wata shida zan yi. Sai da na shekara biyu da rabi.

Akwatin ba jirgi ne a ciki ba. Falankin katako ne da aka zana, da ɗaurin tsinkayen katako sirara kamar na tsintsiya, da ƙunshin zare, da manyan takardun zane. Ana fara tsayar da ƙashin bayan jirgin, a jera masa haƙarƙari, sannan a bi da tsinkayen nan ɗaya bayan ɗaya har ciki ya rufe. Kuskurena na farko a nan ya faru, kuma gaggawa ce ta jawo shi. Ana so a goge gefen kowane haƙarƙari da samfefa har ya bi lanƙwasar jirgin, don tsinke ya kwanta a kansa sosai. Ni na ɗan shafa kawai na wuce. Da na iso goshin jirgin, inda katako ke lanƙwasa ta fuska biyu lokaci guda, sai tsinkayen suka fara karyewa a hannuna, ƙas, ƙas, har bakwai a dare ɗaya.

Na kira Baba ta bidiyo na haska masa. Ya daɗe yana kallo, ya ce in juya jirgin, ya ce in matso da wayar. Sannan ya ce, "Kai yaro, ai ba a yi wa katako dole. Lallashinsa ake yi. Ka jiƙa shi?" Na ce a'a, Baba. Ya ce in tafasa ruwa in tsoma shi, in lanƙwasa shi a jikin wani abu mai zafi, in bar shi ya kwana a haka kafin gam ya taɓa shi. Ya kuma ce in fere bakin kowane tsinke ya tsuke ta gaba, tunda cikin jirgi ya fi goshinsa faɗi, tsinke ashirin da suka zauna daidai a tsakiya ba za su sami wuri a gaba ba sai an rage musu jiki. Mutumin da bai taɓa ganin teku ba ne ya gaya min wannan. Daga baya na karanta cewa haka masassaƙan Ingila suke yi, suna turara manyan katakai a cikin akwatin tururi kafin su buga su. Na ɓamɓare aikin mako uku na sake daga farko.

Tun daga ranar na daina kallon jirgin a matsayin kayan Nelson. An kafa ƙashin bayansa a masassaƙar jiragen ruwa ta Chatham a 1759, lokacin Nelson yana jariri bai cika shekara ɗaya ba, aka tura shi ruwa a 1765. Ya ci bishiya kusan 6,000, mafi yawansu itacen ok. Duk wani katako da na lanƙwasa da yatsu biyu, a can mutane da yawa ne suka ɗauke shi a kafaɗa. Haka na ji da na zo kan tagulla. A 1780 aka lulluɓe ƙasan jirgin da faranti 3,923 na jan ƙarfe, don hana tsutsar teku huda katako da hana ciyawa da ƙwanso mannewa su rage masa gudu. Nawa farantan kowanne bai kai farce ba, na yi wata biyu ina manna su daga baya zuwa gaba.

Igwa kam ba ta ba ni wahala ba. Guda 104 ne, manya a hawan ƙasa masu jefa dunƙulen ƙarfe na fam 32, matsakaita a tsakiya, ƙanana a sama. Fenti ne da jeri kawai. Abin da na zata shi ne zuciyar aikin ya ƙare a mako biyu. Fentin jikin jirgin ma ya ɗan tsayar da ni, domin takardar akwatin ta ce baƙi da rawaya mai haske, alhali a 2015 masu kula da jirgin sun binciki tsofaffin fentin da ke jikinsa suka mayar da shi wani launi mai kama da fatar tukunya, tsakanin rawaya da ruwan hoda. Na bi nasu.

Sai igiya. A nan na yi fiye da shekara, a nan kuma na san abin da ake kira jirgin yaƙi na wancan zamani.

Victory na ɗauke da igiya mai tsawon mil 26 da ƙyallen kama iska 37. Igiyar iri biyu ce. Akwai baƙa wadda aka shafe da kwalta, ba ta motsi, aikinta riƙe jigo kada ya faɗi. Akwai fara wadda ba a shafa wa komai ba, ita ake ja ana saki don ɗaga ƙyalle, ko naɗe shi, ko juya sandar da yake rataye a kai ta fuskanci iska. Da farko na ɗauki zanen ina kwaikwayo, zare mai lamba kaza ya tashi daga nan ya sauka can. Ban jima ba na rikice, zare ya hau kan zare, wani ya bi ta bayan wanda ya kamata ya bi ta gabansa. Na kuma ɗaure baƙaƙen igiyoyin jigon tsakiya na gefen dama gaba ɗaya kafin in taɓa na hagu, da safe na tarar jigon ya karkata. Dole na yanke su duka. Daidai shi ne a ɗaura biyu a dama, biyu a hagu, ana tafiya a haka, ba a ja da ƙarfi sai kowa ya zauna.

Abin da ya fitar da ni shi ne na daina tambayar ina zaren nan zai sauka, na koma tambayar me yake yi. In mutum ya ja wannan, me zai motsa? In iska ta bugo daga nan, wace igiya ce za ta ɗauki nauyin? Da na fara tunani haka sai zanen ya buɗe min kamar karatun da aka yi wa fassara. Babu igiya ɗaya da aka sa don ado. Kowace tana da suna, tana da turken da ake ɗaure ta a kan bene, kuma wurin ba ya canzawa, domin matuƙi ya same ta cikin duhu, cikin ruwan sama, ba tare da fitila ba.

Mafi cin rai su ne ƙananan igiyoyin da ke gicciye kamar matakala, waɗanda mutane ke takawa su hau sama. A nawa jirgin tsakanin kowace da 'yar uwarta milimita 4 ne, kuma a kowace mahaɗa sai an yi ƙulli da hantsaki. Na daina ƙirgawa bayan dubu ɗaya. Ina goga zaren a kakin zuma don ya daina gashi, in ƙulla, in ɗiga masa gam da bakin allura. Wannan ya zo daidai da lokacin annobar korona. Nakan dawo daga aikin dare jikina a mace, idona cike da abin da na gani a ɗakin marasa lafiya, barci ya ƙi zuwa. Sai in zauna in yi layi biyar ko shida. Ina ƙullawa ina tunanin wanda zai taka wannan matakalar ba takalmi, jirgi na tangaɗi, har ya kai tsayin da ya fi na bene goma sha biyar, ya bi sanda a kan igiya ɗaya tak ya kama jiƙaƙƙen ƙyalle mai nauyi da hannu. Mutum kusan 820 ne a jirgin ranar Trafalgar. Wurin kwanan kowane matuƙi faɗinsa inci 14 ne, a gadon ƙyalle mai lilo a tsakanin igwa da igwa. Wasunsu kamo su aka yi da ƙarfi daga tashoshin ruwa, wanda ya yi laifi kuma bulala ce a gaban kowa.

Igiyar nan ce ta sa na fahimci hafsoshinsu. A rundunar ƙasa ta Ingila a lokacin mai kuɗi na iya sayen muƙami, amma a ta ruwa sai yaro ya yi shekara shida a teku, sannan ya zauna gaban kyaftin-kyaftin su yi masa tambayoyi kafin ya zama laftana. Dalilin a fili yake ga duk wanda ya taɓa karkatar da jigo ko da na wasa ne: wanda bai san igiya ba zai halaka mutum ɗari takwas a dare ɗaya. Nelson ya shiga jirgi yana ɗan shekara 12, a 1771. Ba na cewa babu sanayya a ciki. Kawunsa Maurice Suckling ne ya ɗauke shi, kuma yana cikin waɗanda suka zauna jarrabawarsa a 1777. Mai uwa a gindin murhu ba ya cin tuwonsa gaya, a can ma haka ne. Amma sanayyar ba ta hana shi rasa ganin idon dama a 1794 da hannun dama a 1797 ba.

Na sake karanta labarin Trafalgar bayan na gama igiya, sai ya zama wani labari daban. Jirage 27 na Ingila suka tunkari 33 na Faransa da Sifaniya, iska kuwa ba ta da ƙarfi ranar. Nelson ya nufi layin abokan gaba kai tsaye da goshi, igwa kuma a gefe take, don haka Victory ya yi ta shan wuta yana jan jiki, ba ya iya ramawa. Aka karya masa saman jigon baya, aka farfasa sitiyarinsa, sai da aka koma juya shi da igiya daga can ƙasa. Ƙyallen saman jigon gaba na ranar yana nan a Portsmouth, da huda kusan 90 a jikinsa. Da can lambobi ne kawai a gare ni. Yanzu na san igiya nawa ke zubowa kan mutane in saman jigo ya karye, domin ni na ɗaura su. An kashe mutum 57 a jirgin, 102 suka ji rauni.

A farkon 2022 na koma Portsmouth, wannan karon na fi daɗewa a cikin wani jirgin yaƙin, HMS Warrior, da ke kusa da Victory. An tura shi ruwa a Disambar 1860, amsa ce ga jirgin Faransa La Gloire. Jikinsa ƙarfe ne, sulkensa kaurin inci huɗu da rabi, da katakon tik inci 18 a bayansa. Yana da injin tururi da tukwane goma, amma kuma ga jigo uku da igiyoyinsu cif, domin kwal ɗin da yake ɗauka ba ya kai shi nesa. In za a tafi da iska sai a janye farfela daga ruwa a sauke bututun hayaƙi. Na tsaya a ƙasa ina bin igiyoyinsa da ido ina kiran aikin kowace a zuciyata. Na sauka wurin tukwanen kuma na ga inda masu zuba kwal suke tsayawa cikin zafi da duhu. Wahalar ce ta sauko daga sama ta koma ƙasa.

A wurin ne wani abu ya tsaya min a rai wanda har yanzu bai sauka ba. Jirgi irin Victory yana nutsewa cikin ruwa fiye da mita takwas, ba zai iya shiga tafkin Legas ba. Ƙananan jiragen tururi ne suka iya. A Disambar 1851 Bloodhound da Teazer suka shiga suka buɗe wa Legas wuta, aka kori Sarkin Legas Kosoko aka mayar da Akitoye kan sarauta, da hujjar hana cinikin bayi. Bayan shekara goma, a Agustan 1861, Sarki Dosunmu ya sa hannu ya miƙa garin ga Ingila, jirgin Prometheus na tsaye a ruwa. Rundunar da na shekara biyu ina sha'awar gwanintarta ita ce ta buɗe ƙofar da aka bi aka ci ƙasata. Ban daina ganin kyawun aikin masassaƙan Chatham ba, kuma ba zan yi kamar ban san inda hanyar ta ɓulle ba. Da 'yata ta tambaye ni ko jirgin mutanen kirki ne, na zaunar da ita na ba ta labarin biyun duka.

Na ɗaura zare na ƙarshe a watan Mayu. Ban rataya ƙyalle ba, na bar sandunan tsirara don igiyar ta fito. Na kira Baba na zagaya masa jirgin a hankali, daga baya zuwa goshi. Bai ce komai a kan igwa ba. Da muka iso gefen hagu ta gaba ya ce, "Tsaya. Na uku daga sama, wancan bai kwanta ba." Yana cikin tsinkayen farko da na sake bayan ya koya min jiƙawa, na san da shi, na zata fenti ya rufe. Na ce, "Haka ne, Baba." Ya ce in bar shi yadda yake, in kuma nemo gilashi in rufe jirgin kafin ƙura ta shiga igiyoyin, domin ba za ta gogu ba.